Kek ba giya, ba ƙwai: kasuwar da mangwaron kudancin Kano yake jira

Daga ƙarshen watan Maris zuwa farkon Yuni, mangwaro yakan nuna kusan lokaci guda a Bebeji da Ƙiru da Tudun Wada da Doguwa. Matafiyin da ya karya daga Kwanar Ɗangora ya miƙi hanyar Jos zai yi ta wuce kwanduna da faranti a bakin titi, yara da mata suna ɗaga wa motoci hannu. A tsakiyar kakar farashi yakan faɗi ƙasa warwas, domin kowa yana da shi, kuma abin da bai sami mai saye ba cikin 'yan kwanaki ya zama rabon ƙudaje da awaki. Wata bakwai bayan haka, a Disamba, masu sana'ar kek a Kano da Kaduna da Abuja suna shiga manyan kantuna suna sayen zabibi da sauran busassun 'ya'yan itace da aka shigo da su daga ƙetare, da tsadar da canjin dala ya ɗora musu.

Tsakanin waccan asara da wannan tsada akwai gada, kuma gadar ita ce busarwa. Sai dai ba wanda zai sa jarinsa a busar da mangwaro in babu mai sayen busasshen. A nan ne wani nau'in kek ya cancanci a dube shi da idon basira: kek mai cike da busassun 'ya'yan itace, wanda ba a zuba masa giya, ba a sa masa ƙwai ko madara ko bota. Ƙaramin abu ne a ido, amma yana cikin 'yan kayan maƙulashen da kusan duk abin da ake haɗa su da shi ana noma shi a ƙasar Hausa, kuma rabin nauyinsa 'ya'yan itace ne.

Asalin kek ɗin da dalilin giyar

Kek mai 'ya'yan itace ya samo asali ne daga buƙatar adana abinci a zamanin da babu firij. Mutanen Siyena a Italiya suna da nasu mai suna panforte, na Dresden a Jamus suna da stollen, amma wanda ya zagaya duniya shi ne na Ingila, wanda ake yi don Kirsimeti da bikin aure, ya bi sawun mulkin mallaka har Indiya da tsibiran Karibiyan. A Jamaika da Tirinidad akan jiƙa 'ya'yan itacen cikin giyar rake wata da watanni kafin a kwaɓa. A Ingila kuwa akan gasa kek ɗin makonni kafin ranar biki, sannan a riƙa tsattsaga shi da tsinke ana ɗiga masa barasa lokaci-lokaci.

Juriyarsa ta zama abin labari. A shekarar 2017 masu aikin adana kayan tarihi daga New Zealand suka tsinci wani irinsa a wata tsohuwar bukka a Cape Adare, yankin Antatika, ƙirar kamfanin Huntley & Palmers, wanda ake kyautata zaton 'yan tawagar Robert Falcon Scott ne suka bar shi kimanin shekara 106 kafin nan. Gwangwaninsa ya yi tsatsa, shi kuwa kek ɗin yana nan kusan yadda yake. Ƙanƙara ta taimaka ƙwarai, amma asirin yana cikin kek ɗin kansa.

Ƙwayoyin da ke ruɓar da abinci ba sa rayuwa sai da ruwan da za su iya amfani da shi. Suga yana kama ruwa ya riƙe, busassun 'ya'yan itace ma haka, doguwar gasawa a wuta mai sanyi kuma tana fitar da ragowar. Wannan hikima ba baƙuwa ba ce a gidan Bahaushe. Ita ce ta sa nakiya take wata da watanni a cikin kwalla ba ta lalace ba, ita ce ta sa alkaki yake cikin kayan gara, ita ce a kilishi da kauɗar tumatir da busasshiyar kuɓewa. Giya ta zo ne daga baya a matsayin ƙari: tana tausasa 'ya'yan itacen, tana ɗauko ƙamshinsu, tana hana fumfuna kama bayan kek ɗin. Ayyuka uku ne, kuma biyu daga ciki wani ruwan yana yin su daidai. Mutanen Wales suna da bara brith, na Ayalan suna da barmbrack, kuma dukansu biyu a cikin baƙin shayi ake jiƙa zabibinsu ya kwana. Na ukun, wato hana fumfuna, shi kaɗai ne ke buƙatar a sauya tsari, kuma za a zo kansa.

Giya ba ta ƙonewa duka

Akwai zancen da ya yaɗu a tsakanin masu girki cewa duk giyar da ta shiga wuta ta tashi, saura ƙamshi kawai. Binciken da ma'aikatar gona ta Amurka ta gina jadawalinta a kansa ya nuna ba haka abin yake ba: bayan awa ɗaya ana gasawa kimanin kashi 25 cikin 100 na barasar yana nan, bayan awa biyu da rabi kuma kimanin kashi 5. Wannan ma ga wadda aka zuba kafin gasawa ke nan. Wadda ake ɗigawa bayan an sauke kek ba ta taɓa haɗuwa da wuta ba sam. Saboda haka Musulmin da aka miƙa wa irin wannan kek a otal ko a wajen taron ofis, ya yi tambaya kafin ya kai baki, bai yi tsanani ba.

Akwai wata ƙofar da ba a cika lura da ita ba. Dokar Amurka ta ƙayyade cewa ruwan banila na asali sai ya ƙunshi aƙalla kashi 35 cikin 100 na barasa. Malamai sun yi saɓani kan ɗan digon da ake sawa don ƙamshi, amma mai sana'ar da ke son rubuta “babu giya” a jikin kwalinta da gaba gaɗi ba ta da buƙatar shiga saɓanin, domin citta da kanumfari da kirfa da ɓawon lemo sun wadatar.

Haɗari na uku daga zafin ƙasar yake zuwa. Duk ruwa mai zaƙi da aka bari a ɗaki mai ɗumi zai fara tsami ya yi kumfa, kuma wannan shi ne matakin farko na zama giya. Magabata sun san haka. Ruwayoyin nabizu da ke cikin Sahihu Muslim sun nuna ana jiƙa zabibi ko dabino a sha ruwan, amma ba a ƙetare yammacin kwana na uku da shi. Wanda ya ɗauko tsarin Karibiyan na jiƙo wata guda, ya musanya giya da ruwan lemo, ya ajiye kwalbar a ɗakin girki a Bebeji cikin watan Afrilu, zai iya haɗa abin da ya gudu da hannunsa. Mafita ita ce jiƙon dare ɗaya a wuri mai sanyi, ko kuma a tafasa 'ya'yan itacen na 'yan mintuna, wanda ya fi sauri ya kuma fi aminci.

Me ya kawo cire ƙwai da madara?

Aƙidar ƙaurace wa duk abin da ya fito daga jikin dabba, wadda Donald Watson da abokansa suka kafa wa ƙungiya a Ingila a 1944, ba ta da tushe a ƙasar fura da nono da man shanu, kuma babu dalilin tallata ta ga mutanen da ruga take bayan gari. Amma kek marar ƙwai ya girmi wannan aƙida. A lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya matan Amurka da Kanada sun riƙa yin wani kek da ba ƙwai, ba madara, ba bota, suna tafasa zabibi da suga da kayan ƙamshi su zuba gari. Rashi ne ya koya musu. Girkin Hausa kansa cike yake da abincin da za a iya gamawa ba tare da komai na dabba ba: ƙosai, ɗanwake, waina, ƙuli-ƙuli, kantun riɗi. Ba a taɓa ba su wani suna na musamman ba.

Dalilan cire ƙwai a nan na lissafi ne. Ƙwai da bota suna cikin mafi tsadar kayan kek, kuma farashinsu yana bin na masara da na dala. Man gyaɗa yana zama a ɗaki ba tare da firij ba, abin da bota ba ta iyawa a garin da wuta take zuwa tana tafiya. Akwai yara da manya da jikinsu ba ya karɓar ƙwai ko madara. Sannan duk ranar da aka yi tunanin sayarwa a Legas ko a ƙetare, kek guda da Musulmi zai ci, Kirista ya ci, mai ƙaurace wa kayan dabba ya ci, ya fi uku da aka yi wa kowa nasa. Ko a gida wannan yana da ma'ana. A Tudun Wada da Doguwa Musulmi da Kirista suna zaune maƙwabta, kwanon Sallah yana ƙetare katanga, na Kirsimeti ma yana ƙetarewa. Abincin da za a aika wa maƙwabci ya ci ba tare da ya tsaya tambaya ba yana da daraja a irin wannan zama.

Abin da ya sa cirewar ba ta yi wa wannan kek illa shi ne yanayin ƙirarsa. Kek mai laushi irin na ranar haihuwa yana dogara da iskar da ƙwai ya kama don ya tashi. Wannan kuwa ba a son ya tashi sosai. Ƙullun aikinsa kawai ya riƙe 'ya'yan itacen, kamar yadda laka take riƙe tubali. Dabinon da ya narke a tafasa, ko nunanniyar ayaba da aka dame, suna ba da danƙon da ake nema. Ɗan kumburin da ake buƙata kuma yana samuwa idan bekin soda ya haɗu da abu mai tsami, kamar zoɓo ko ruwan tsamiya ko lemon tsami. Duk matar da ta taɓa ganin yadda kanwa take kashe tsamin yakuwa a tukunya ta riga ta san wannan sinadari.

Yadda ake haɗa shi

Ga ma'auni da ya isa madaidaicin gwangwani ɗaya. A yayyanka busassun 'ya'yan itace giram 500: kusan rabi mangwaro, saura dabino da abarba da gwanda ko ayaba. A zuba a tukunya da mililita 350 na baƙin shayi mai ƙarfi ko zoɓon da ba a sa wa suga ba, da mazarƙwaila giram 120, da man gyaɗa mililita 100. A bar shi ya tafasa a hankali minti goma, a sauke, a jira ya huce sarai. Wannan jiran yana da muhimmanci, domin soda da ta faɗa cikin ruwan zafi takan ƙare aikinta tun kafin a kai wuta. Sannan a tankaɗe fulawa giram 250 da ƙaramin cokali ɗaya na bekin foda, da rabin cokali na bekin soda, da ɗan gishiri, da garin citta da kirfa da kanumfari. A haɗa, a zuba soyayyar gyaɗa ko kashu ko kwakwa da aka kankare, a juya kaɗan kawai.

Wuta mai sanyi ake so, kimanin digiri 150 a ma'aunin Salshiyos, na awa ɗaya da rabi zuwa biyu, har tsinken da aka soka a tsakiya ya fito ba ƙullu. Suga mai yawa yana saurin ƙonewa, don haka a shimfiɗa takarda ninki biyu a cikin gwangwanin. Mai gasawa a tukunya da yashi ta rage garwashin ƙasa, ta yi haƙuri. In ya huce a naɗe shi da kyau a bar shi kwana biyu kafin a yanka, lokacin ɗanɗanon ya gauraya.

Taswirar kayan haɗin ta isa abin lura. Alkama ana noma ta da rani a Kadawa da kewaye, da ruwan madatsar Tiga da ke Bebeji, wadda aka kammala a 1974 a zamanin Gwamna Audu Baƙo. Rake yana fadamun yankin, Maƙarfi da ta yi suna a mazarƙwaila kuma ba ta da nisa. Citta tana zuwa daga Kachiya da Kafanchan, zoɓo daga Jigawa da Kano, dabino daga Dutse da Agadas, abarba daga kudu ta hanyar kasuwar 'Yan Lemo. Kirfa da kanumfari kaɗai ne baƙi, su ma sun daɗe a Kasuwar Kurmi.

Gaskiyar da ya kamata mai sana'a ta faɗa wa mai saye ita ce wannan kek ba zai shekara ba. Cikin hunturu, a naɗe, yana iya kai mako ɗaya zuwa biyu a ɗaki. Da damina kwanakin sun ragu, sai firij. Amma wannan ba nakasu ba ne in an fahimci inda adanawar take. Bature yana adana kek ɗin ne. A nan abin adanawa shi ne busasshen mangwaron, wanda zai yi watanni a cikin mazubi mai murfi, a gasa kek ɗin a makon da za a ci.

Inda gizo ke saƙar

Fiye da kashi 80 cikin 100 na tsokar mangwaro ruwa ne. In an cire ɓawo da ƙwallo, aka busar har ruwan ya sauko kusa da kashi 15, akan buƙaci kilo goma ko fiye na ɗanye kafin a sami kilo ɗaya na busasshe. Abin da a da sai a kwando, a guje, cikin kwana uku, ya koma abin da za a sa a jaka a kai Abuja a watan da aka ga dama. Manomi ya sami abin da bai taɓa samu ba a wannan kaya, wato ikon jira.

Ba sai an je nesa neman misali ba. Burkina Faso ta fara busar da mangwaro tun cikin shekarun 1980, kuma yau yankunan Bobo-Dioulasso da Banfora da Orodara suna aika shi Turai, mafi yawan ma'aikatan mata ne. Gana ma tana da masana'antar busar da mangwaro da abarba a Adeiso. Ƙasar Burkina da yanayinta ba su bambanta da na kudancin Kano da yawa ba. Bambancin yana cikin tsari.

Darasi na farko daga can shi ne rana kaɗai ba ta isa. Maris da farkon Afrilu suna da zafin rana da busasshiyar iska, daidai da na'urar busarwa mai amfani da hasken rana, irin wadda cibiyar binciken adana amfanin gona ta ƙasa, NSPRI, mai ofishi a Kano, ta ƙera. Amma damina tana riga sauka a Doguwa da dajin Falgore kafin ta iso Kano, kuma da zarar iska ta yi laima, yankakken mangwaro yana yin fumfuna kafin ya bushe. Shi ya sa mutanen Burkina suka koma na'urori masu aiki da gas, masu riƙe zafi wajen digiri 60. Mangwaron farkon kaka na rana ne, na ƙarshenta sai da wuta.

Na biyu shi ne tsafta. Shanya a gefen kwalta, yadda ake yi wa tumatir da barkono, ba za ta yi ba ga abin da za a ci ba tare da an sake dafawa sosai ba. Ana buƙatar ruwa mai tsabta, wuƙaƙen da ba sa tsatsa, raga da ta hana ƙuda sauka, da tsoma yankan cikin ruwan lemon tsami don kada ya yi baƙi. Dole a tsince wanda ƙudan 'ya'yan itace ya yi wa ƙwai, kwaron da ya bazu a Afirka ta Yamma tun farkon shekarun 2000. Sannan kada maganin ƙwari ya kusanci ma'ajiya. Tarayyar Turai ta rufe ƙofarta ga busasshen waken Najeriya a 2015 saboda ragowar irin wannan magani, kuma sunan da ya ɓaci a kasuwa yana da wuyar gyara.

Abin da masu suka za su ce

Za a ce kek abincin Turawa ne, kayan aro kuma ba ya rufe katara. Amma mangwaron kansa daga Indiya ya fito, gyaɗa da tumatir da rogo daga nahiyar Amurka, burodi da shayi kuma sun zama karin kumallon tasha da kasuwa. Abinci yakan zama na gida ranar da kayan haɗinsa da hannun da ke yin sa suka zama na gida.

Za a ce zaƙi ya yi yawa a lokacin da ciwon suga yake ƙaruwa a birane. Wannan suka tana da nauyi. Busarwa tana tattara sugan 'ya'yan itace wuri guda, mazarƙwaila kuma suga ce duk da launinta, kuma rashin ƙwai ko giya bai mayar da kek magani ba. Duk mai tallata shi a matsayin abincin lafiya yana yaudarar mutane. Matsayinsa shi ne na alkaki da nakiya: yanka ƙarami, ranar biki.

Za a ce yawancin mangwaron ƙauye mai zare ne, ba ya yankuwa da kyau. Haka ne, kuma a nan kek ya fi kasuwar ƙetare rangwame. Mai saye a Turai yana son yanka mai kyan gani, launi ɗaya. Mai kek ba ruwanta da siffa, tunda za ta daddatsa ta tafasa. Mai zaren ma ana iya matse shi a tace, a shimfiɗa ruwan a faranti ya bushe kamar fata, a yayyanka. Abin da kamfani zai ƙi, ita za ta saya.

Za a kuma ce kek nawa za a ci da har zai kwashe mangwaron ƙananan hukumomi huɗu. Ba zai kwashe ba. Amma kowace sana'a tana buƙatar mai saye na farko, na kusa, wanda zai karɓi kilo biyar yau, ya faɗi aibin kayan, ya dawo wata mai zuwa. Masu kek na Kano, waɗanda yawancinsu mata ne da ke karɓar oda ta WhatsApp da Instagram, su ne irin wannan mai saye. A hannunsu ƙungiyar mata a Ƙiru za ta koyi auna laima da ɗaure kaya da cika alkawari, kafin ta nemi rajistar NAFDAC ta tunkari manyan kantuna.

Aikin da ya rage a rarrabe yake. Hukumar KNARDA da ƙananan hukumomin huɗu za su iya kafa na'urar busarwa ta gwaji a kusa da gonakin da suka fi yawan itatuwa, a damƙa ta ga ƙungiyar da ke da littafin lissafi. Sassan kimiyyar abinci na jami'o'in jihar za su iya gwada nau'o'in da ake da su, irin su Binta Suga da Faparanda, su fitar da wanda ya fi buhuwa da tsawon kwanakin da kowanne yake yi a ajiye. Masu kek kuwa su yi magana da manoma tun watan Fabrairu, a yi ciniki kafin kaka ta faɗo. Itatuwan sun riga sun yi fure a lokacin, kuma daga furen zuwa kwandon bakin titi 'yan watanni ne kawai.